Yadda Aka Gurfanar da Alayyahun Kaka a Kanada

Mutum na farko da ya cuce ni a kan tafiyarmu Kanada shi ne Oga Emeka mai gwanjo a kasuwar Sabon Garin Zariya. Ya ɗaga wata jar rigar sanyi, ya dafa ƙirji, ya rantse cewa ko a firijin masu kifi na kwana da ita sai na yi gumi. Na biyu kuwa Babana ne. Ya riga mu zuwa can ya sami aiki, kullum a waya cewa yake, "Saratu, ki kwantar da hankalinki, gidanmu kusa yake da gari."

Asirin rigar ya tonu tun a ƙofar filin jirgi. Iska ɗaya ta buso, ta shiga ta wuya ta fita ta ƙafa, ko sallama ba ta yi wa rigar ba. Asirin Baba kuwa sai da muka hau hanya. Muka bar birni, muka yi ta tafiya, na yi barci na farka, na sake yin wani na farka, har yanzu abu ɗaya nake gani: ƙasa a shimfiɗe kamar faifai, fara fat, ko shuri babu. A zuciyata na ce na shiga uku, a nan idan na yi laifi Mama ta ɗauko muciya, ba lungun da zan shige. Tana iya zama ta huta, gobe ma tana hango ni.

Na ce, "Baba, ina mutane?"

"Suna cikin gidajensu."

"To ina gidajen?"

Ya ƙara wa rediyo murya.

Wai wurin ƙaramar hukuma ce, da ciyaman da kansiloli da komai. Faɗinta zai haɗiye Samaru da Sabon Gari da duk ƙauyukan da na sani, ya nemi ruwan sha. Amma idan ka tara mutanen cikinta kaf, ba za su cika cocinmu na Palladan ranar Kirsimeti ba. Garin da Baba yake cewa muna kusa da shi kuwa, shago ɗaya ne, da gidan mai ɗaya, da wani dogon rumbun hatsi inda Baba yake aikin tace irin shuka, yana fitar da ƙwayar ciyawa daga cikin alkama. Ku riƙe wannan aikin nasa, zai dawo.

Sanyin farko ya kusa cinye mana Mama. Matar da a Samaru take sayar da kayan miya a ƙofar gida, wadda idan ta fara hira da mai sayen tumatir sai ya manta ya ɗora tukunya, ita ce ta koma zama a bakin taga tana kallon ƙanƙara. Ba mai wucewa balle ta ce masa sannu. Wata rana na ji ta tana gaida hankaka. Ni ina da makaranta, motar makaranta tana zagaye rabin duniya tana tsintar mu ɗaya-ɗaya kamar gyaɗar da ta zube. Mama kuwa daga ita sai tagar.

Mutum biyu ne suka tuna muna raye. Ta farko wata tsohuwa ce mai suna Olga, da muke kira Goggo Olga. Wai ita ce maƙwabciyarmu, ko da yake idan ka tafi gidanta aron gishiri a ƙafa, kafin ka dawo miya ta yi tsami. Ta zo gaisuwa, ta taɓa rigar Oga Emeka da yatsa biyu, ta yi wani sauti a maƙogwaro, washegari ta kawo mini ta jikarta. Na biyun wani dattijo ne mai tarakta, da yake zuwa ya ture mana ƙanƙara daga ƙofar gida duk lokacin da ta rufe mu. Kashin shanu a takalminsa, hularsa ta ci duniya. Mama takan aike ni in kai masa shayi, ni kuma ina kiransa mai shara. Sai da Baba ya ji ni ya zaro ido.

"Ke! Mista Walta ne fa, ciyaman ɗin ƙaramar hukumar nan!"

Ciyaman! Ba jiniya, ba ɗan sanda, ba mai riƙe masa waya, ba ko ɗan tumbi na mutunci. Na ji kunya a madadin ƙasar baki ɗaya.

Da ƙanƙara ta narke, Mama ta buɗe akwati ta ciro wani zane da Kaka Ladi, mahaifiyarta, ta ba ta. Sai ga ƙulli a haɓar zanen. Ta kwance, ƙananan baƙaƙen ƙwayoyi masu ƙyalli suka zubo mata a tafin hannu. Irin alayyahun Kaka ne, mai jan kara, wanda take shukawa a bayan gidanta na ƙauyen Jama'a, kusa da Samaru, tun tana amarya. Muka kira ta a waya.

Kaka ta ce, "Na san in na faɗa, mijinki mai boko zai hana. Ki riƙe shi da kyau, Rifkatu. Kawunku ya sayar da filin bayan gida, an zuba ɗakunan haya na ɗalibai. Wanda ke hannunki shi ne ya rage a duniya."

Baba ya leƙa tafin hannun Mama, ya ce, "A ƙona shi."

Mama ta ɗago ta dube shi. Ban san me ya gani a idonta ba, amma ya tuna yana da aiki a waje.

Ta shuka shi duka, ko ƙwaya ba ta rage ba. Haka ake yi a gida: ka watsa, ka ci ganye, ka bar manyan su fitar da kai, su mayar maka da irinka ninki ba adadi. Ƙasar wurin baƙa ce wuluk, rana kuma a wannan lokacin ba ta san a tashi aiki ba, sai alayyahu ya haukace. Ganye kamar kunnen giwa. Ya wuce gwiwata, ya wuce ƙuguna, ya fara kallona ido da ido. Mama ma ta tashi tare da shi. Ta dawo waƙar zumuntar mata, ta dawo yi mini faɗa da cikakkiyar murya, har na fara kewar lokacin da take shiru.

Ana nan sai ga wata farar mota ta tsaya. Wani dogon mutum ya fito da ƙananan tutoci masu ruwan lemo a hannu, ya ce sunansa Ken, shi ne mai duba ciyawa na ƙaramar hukuma. Ku ji fa. Wurin da idan ɓarawo ya shigo maka, kafin ɗan sanda ya iso ɓarawon ya yi aure ya haihu, amma suna da ɗan sandan ciyawa.

Ya durƙusa gaban alayyahun, ya juya ganye, ya shafa kara, fuskarsa ta canza kamar ya ga kububuwa. Mama ta kawo masa ruwa, tana murmushi, ta ɗauka sha'awa yake yi. Turancin mutanen nan ta hanci yake fita, don haka ni ce tafinta. Ya ce akwai wata muguwar ciyawa 'yar'uwar wannan da take cinye gonaki a kudu da su, magani ba ya kashe ta, irinta kamar yashi, idan ta shiga gona ta shiga ke nan. Ya ce ba zai iya bambanta su da ido ba. Zai aika ganye a gwada, amma sakamako yana daɗewa, doka kuma ba ta jira. Dole a sare duka kafin ya fitar da kai.

Mama ta ce, "Me ya ce?"

"Ya ce abincinmu ciyawa ce."

"Ciyawa? Ki ce masa da wannan ciyawar aka raine ni, ga ni nan na fi shi ƙiba!"

Na faɗa masa, har na ƙara gishiri kaɗan. Ya yi ja har kunne, amma bai fasa ba. Ya bi gefen lambun yana kafa tutocinsa, kamar wurin da aka yi kisan kai. Ya ce idan ba mu yarda ba, majalisa tana zama sau ɗaya a wata, muna iya zuwa mu yi magana.

Da Baba ya dawo muka zayyana masa, muna jiran ya ɗauki adda. Sai ya zauna ya cire takalmi a hankali, ya ce, "Maman Saratu, mutanen nan suna da gaskiya. Aikin da nake yi ke nan kullum. Ƙwaya ɗaya ta shiga gonar mutum, shi da 'ya'yansa sun shiga wahala."

"Irin uwata ne ƙwaya ɗayar?"

"Ban ce haka ba."

"Ka ce. Saratu, bai ce ba?"

Na ce, "Ya ce, Mama. Har da cire takalmi."

Daga ranar Baba ya koma cin burodi da shayi, safe da yamma.

Goggo Olga ce ta sa aka rubuta sunanmu cikin masu magana. Mama kuwa ta shirya yadda duk mai hankali yake shiryawa idan zai je gaban manya: ba a zuwa hannu rabbana. Ta tsinko ganye mafi kyau, ta yi miyar alayyahu da gyaɗa da busasshen kifin da take ɓoyo kamar zinariya, ta tuƙa tuwon shinkafa, ta cika babbar kula. Ta ɗaura zanen zumunta, ta kafa ɗankwali har yana taɓa rufin motar Goggo Olga. Baba ya ce yana da aiki. Na ce a raina, maci amana.

Ni na zata sakatariya zan gani, da ƙofar ƙarfe da maigadi da mai cewa oga ba ya nan a dawo gobe. Sai ga wani ɗan gini a gefen rumfar motocin gyaran hanya, ko shagon kemis na unguwar PZ a Zariya ya fi shi kwarjini. A ciki tebur ɗaya ne, manoma shida da Mista Walta sun kewaye shi, kowa da hularsa a gwiwa. Mama ta durƙusa ta gaishe su, suka rikice, biyu suka miƙe za su ɗaga ta, sun zata faɗuwa ta yi. Ta ɗora kula a tsakiyar tebur ta buɗe.

Sakatariyarsu, wata mata mai tabarau, ta yi tsalle kamar an ajiye bam. Ta ce ba za su iya karɓar komai daga hannun mai ƙara ba kafin a yanke hukunci, doka ce.

Mama ta ce, "Me ta ce?"

"Ta ce ba za su ci ba."

"Ba za su ci ba? Na sa guba ne?"

"Wai cin hanci ne."

"Tuwo? Tuwo ne cin hanci? Yesu mai ceto! Wane irin mutane ne waɗannan da ba su san gaisuwa ba?"

Tun da nake ban taɓa ganin an mayar wa Mama da abinci ba. Ta ɗauke kular ta ajiye a bakin taga. Amma ta bar murfin a karkace, kuma na san da gangan ne.

Sai da muka jira aka gama manyan batutuwa. Aka yi musu a kan tsakuwar da za a zuba a wata hanya da gida biyu ne kawai a kanta. Aka yi musu a kan wata dabba mai kama da gafiya da take tara itace tana toshe musu kwalbati. Duk wannan lokacin ƙamshin miya yana zagaya ɗakin yana gaida kowa. Wani kansila mai jan gemu ya haɗiyi yawu har sai da na ji daga inda nake.

Da aka kira mu na miƙe. Na ce wannan alayyahu ya girmi kowa a ɗakin nan. Na ce ya ciyar da rabin Zariya lokacin yunwa, wanda ban tabbatar ba, amma su ma ba su da hanyar tabbatarwa. Na ce bai taɓa cin gonar kowa ba, mu ne muke cin sa. Daga nan ƙaryata ta ƙare, sai gaskiya ta fito ba shiri. Na ce filin Kaka ya tafi, wannan ne ya rage, kuma Mama ta shuka duka. Idan aka sare kafin ya yi iri, shi ke nan. Na ce kafin ya tsiro, uwata hankaka take gaisarwa. Ba wanda ya yi dariya. Na koma na zauna.

Ken ya miƙe. Na so ya zama mugu, da na ji daɗin tsanarsa. Sai ya yi magana a hankali, yana murza hula. Ya ce ya je gonar surukinsa a kudu, ya ga ciyawar nan ta fi mutum tsawo, ta shaƙe waken suya, har ta karya injin girbi. Ya ce gonar da ke bayan shingenmu ta wani saurayi ce da bai daɗe da gadonta ba. Ya ce, "Idan na yi kuskure, an yi asarar lambu. Idan ban yi kuskure ba kuma na ƙyale, ban san me zan ce wa yaron nan ba."

Sai Goggo Olga ta buga sandarta a ƙasa ta tashi don ta cece mu. Ta ce, "Walta, na san ka tun kana fitsarin kwance. Kakata ma da iri ta zo ƙasar nan, a ɗinke a bakin siket. Ganyen miyarmu ne. Yau ba ramin da za ka leƙa a ƙaramar hukumar nan ba ka gan shi ba!"

Ken ya ce, "Abin da nake faɗa ke nan, Misis Olga."

Ta tsaya, ta yi tunani, ta zauna. Allah ya raba mu da irin wannan lauya.

Aka ɗaga hannu. Duka bakwai suka ce a sare. Ban fassara wa Mama ba, ta iya ƙirga hannu.

"Ranka ya daɗe, ina da magana."

Muka waiwaya. Baba ne a bakin ƙofa, ƙaiƙayin alkama har a girarsa. Ashe ya daɗe a tsaye. Ya ce kafin ya zo ƙasar nan, a gonar gwaji ya yi aiki a Samaru, kuma a can idan ba a so irin dawa ya gauraya da wani, sai a sa wa kanta jaka a ɗaure. Ya roƙi a bar tushe ɗaya tak, a cire shi a sa a bokiti, a shigar da shi cikin gida, a rufe kansa. Ƙwaya ɗaya ba za ta taɓa ƙasa ba. Ken ya zo ya duba duk lokacin da ya ga dama. Ya ce, "Idan aka ga tsiro ɗaya a waje, ni ne da laifi. Kun san inda nake aiki."

Mista Walta ya dubi Ken. Ken ya daɗe yana kallon hularsa, sannan ya ce, "Tushe ɗaya. A cikin gida." Aka sake ɗaga hannu, aka amince. Kafin sakatariya ta gama rubutawa, mai jan gemu ya ce, "To yanzu an yanke hukunci, ko?" Ya nufi taga.

Ba kunya ba tsoron Allah, mutanen da suka yanke wa alayyahu hukuncin kisa suka zauna suka cinye gawarsa. Attarugu ya sa su hawaye da majina, ba wanda ya ajiye cokali. Ken ya yi ƙari har sau biyu. Mama ta tsaya a kansa ta riƙe ƙugu.

"Ki tambaye shi, ciyawar ta yi gishiri?"

Ken ya so ya kawo injin yanka, Mama ta ce ko kusa. Da wuƙarta ta bi layi-layi, ba waƙa, ba magana. Ni da Goggo Olga muna tsinke ganye muna cusawa a firiji. Tushen da ta zaɓa, mafi jan kara, Baba ya haƙo shi da saiwarsa ya dasa a bokitin fenti, ya ajiye a tagar da Mama take zama da. Saura jakar da za a sa masa, wadda iska za ta ratsa amma iri ba zai fita ba. Baba ya duba gidan kaf, sai idonsa ya faɗa kan jar rigar Oga Emeka. Ya farke shafin cikinta, ya ɗaga wa haske, ya hura, iska ta wuce salin-alin. Ya ce, "Wannan ita ce daidai." A daren nan ya ci tuwo.

Ba a daɗe ba sanyi ya sauko ba sanarwa, tun alayyahun bokiti bai gama fitar da kai ba. Da safe duk wani ganye da ke waje ya yi baƙi ya kwanta. Baba ya buɗe baki zai ce da an bar su a lambu da ko ɗaya bai kai ga iri ba. Na ce, "Baba, kana son komawa burodi?" Ya rufe bakinsa.

Sai da ƙanƙara ta rufe ƙasa Ken ya zo da labarin gwaji, daidai lokacin abincin rana, kamar yadda ya saba zuwa duba fursunansa. Ya cire hula ya ce ba muguwar ba ce, alayyahu ne kawai. Wato an rataye mutum, sannan aka wanke shi. Har yau idan na tuna sai na ji kamar in kai ƙara, amma wurin wa? Ciyaman ɗin yana waje yana ture mana ƙanƙara.

Ranar da kan ya bushe, Mama ta shimfiɗa farin ƙyalle, ta kwance jakar da Baba ya ɗaura masa a hankali, ta murza. Baƙaƙen ƙwayoyi suka zubo, sun fi waɗanda suka zo. Ta ɗauko zanen Kaka ta yi ƙulli biyu, ɗaya a kowace haɓa, sannan ta ce in kira Jama'a. Na ba Kaka labari tun daga tutoci har bokiti.

Kaka ta ce, "Tsaya, 'yar nan. Gwamnati ce ta zauna a kan alayyahuna?"

"Da ciyaman da kansiloli shida, Kaka."

"Ikon Allah. Ni ko mai unguwa bai taɓa leƙa shi ba."

Mama ta karɓi wayar ta ce, "Iya, ƙulli biyu na yi. Ɗaya na baɗi ne. Ɗaya naki ne, duk ranar da na sami mai zuwa gida. Sai dai ban san inda za ki shuka ba."

"A ƙofar ɗakin ɗaliban nan zan watsa shi," in ji Kaka. "In ga ɗan da uwarsa ta haifa da zai zo mini da tuta."